Yadda Za Ka Hana Saƙonnin Wasa Damunka A Tabilet Da Waya



A wani ajin manya da muka ziyarta a ƙasar Isa, wata dattijuwa ta zo da babbar wayar nan mai faɗi kamar allo, wadda ake kira tabilet. Ɗanta da ke neman kuɗi a Legas ne ya aiko mata, domin su riƙa ganin juna idan suna magana. Ta miƙa wa malamar ajin, ta ce, "'Yar nan, duba mini abin nan. Dare da rana sai kuka yake yi, in na ɗauka kuma ba kowa." Malama ta ce, "To Inna, kawo mu gani." Da aka buɗe, sai ga saƙonni jere reras. Kusan dukkansu na wasa ne. Wannan yana cewa zo ka buga ludo, wancan yana cewa an ba ka kyauta. Saƙon ɗanta kuwa yana can ƙasa a danne, ya kwana biyu ba ta gani ba.

Wannan shi ya sa muka ga ya kamata mu yi bayani a kan lamarin. Abin da za mu faɗa ya shafi tabilet, ya kuma shafi wayar hannu ta shafawa, domin aikinsu iri ɗaya ne.

Daga ina waɗannan saƙonni suke zuwa?

Wani mutumin Amurka mai suna Mark Zuckerberg ne ya kafa Facebook tare da abokansa a shekarar 2004. Kamfanin ya sauya suna ya koma Meta a 2021, kuma shi ne mai WhatsApp tun 2014. Da jama'a suka yi yawa a Facebook, sai masu ƙera wasanni suka kawo hajarsu, kamar yadda 'yan koli ke bin kasuwar da ta cika. A 2009 an fito da wani wasan noma mai suna FarmVille, wanda ya cika duniya da gayyata kafin a rufe shi a ƙarshen 2020. A 2012 kuma aka fito da Candy Crush Saga, wasan jera alewa. Shi har yanzu ana yin sa.

Ga dabarar masu wasan. Ba sa karɓar kuɗi kafin ka fara. Ribarsu tana cikin tallar da suke nuna maka, da kuma 'yan abubuwan da suke sayarwa a cikin wasan. Saboda haka suna son mutane su yi yawa, suna kuma son wanda ya fara ya riƙa dawowa. Idan mai wasa ya faɗi, sai a ce masa, gayyato abokanka a ƙara maka dama. Ya danna wuri ɗaya, gayyata ta tafi ga mutanen da ke cikin jerin abokansa. Sau da yawa shi kansa bai san wa da wa ta je wa ba.

Ku lura da wannan da kyau. Idan ka ga sunan ɗan yayanka, ko surukinka, ko ma limamin unguwarku, wai yana gayyatarka wasa, kada ka yi fushi da shi. Ba raini ba ne. Wataƙila ma yaransa ne suka ɗauki wayar. Mun ji inda irin wannan ta sa mutum ya toshe ɗan'uwansa gaba ɗaya, alhali wasan ne ya kamata a toshe, ba mutumin ba.

Me ya sa abin ya fi damun mu a nan?

Wanda ke birni, da wutar lantarki a ɗakinsa, zai iya cewa ai wannan ƙaramin abu ne. A ƙauyukan Sabon Birni da Isa ba haka ba ne. Mutane da yawa sai sun kai waya wurin mai caji sun biya kuɗi. Duk lokacin da saƙo ya shigo, fuskar tabilet takan haska, ta yi ƙara ko ta girgiza, kuma duk wannan batir yake ci. Gaskiya ne saƙon kansa ba ya cin data mai yawa. Abin da ke cinye ta shi ne idan ka danna, wasan ya buɗe, hotunan talla masu motsi suka fara tafiya. Kuma data ta ƙara tsada tun da hukumar sadarwa ta ƙasa, wato NCC, ta yarda kamfanonin waya su ƙara farashi da kashi 50 cikin 100 a watan Janairu na 2025.

Amma babban dalilin ya fi kuɗi. Kowa ya san halin rashin tsaro da wannan yanki yake ciki. Mutumin Gatawa da zai je Sabon Birni, ko na Bafarawa da zai shiga Isa, ko mai kai kaya Shinkafi, yakan so ya ji labarin hanya kafin ya fita. Wasu 'yan'uwanmu suna gudun hijira a jihar Maradi, ta waya kaɗai ake jin lafiyarsu. Ba mu manta da watan Satumba na 2021 ba, lokacin da aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na Jihar Sakkwato, har da Sabon Birni da Isa. A lokacin ne kowa ya san darajar saƙo ɗaya.

To, wayar da ke kuka sau talatin a rana a kan banza, mai ita zai saba da kukan. Ranar da saƙon gaske ya shigo, sai ya ce ai 'yan wasan nan ne, ya juya ya ci gaba da barcinsa. Wannan shi ne haɗarin.

Hanya mafi sauƙi

Yawancin tabilet da wayoyin da ke hannun jama'a, irin su Tecno da itel da Infinix da Samsung, tsarin Android ne a cikinsu. A kansu za mu fi yin magana.

Sa yatsanka a can saman fuskar tabilet, ka jawo shi ƙasa. Duk saƙonnin da suka shigo za su fito a jere. Nemi na wasan. Kada ka taɓa shi ka saki, domin in ka yi haka wasan zai buɗe. Ɗora yatsanka a kansa ka danne, ka ƙirga ɗaya, biyu, uku. Wani ɗan akwati zai fito da zaɓin kashe sanarwa, ko ɗan makunni mai launi. Taɓa shi. Idan launin makunnin ya dushe, to ka kashe. Daga ranar wannan wasa ba zai sake yi maka kuka ba.

Kafin ka kashe, karanta sunan da ke saman saƙon. A nan ne karatunka zai yi maka rana. Idan sunan wasa ne, kashe. Idan ka ga an rubuta WhatsApp, ko alamar kan tarho, ko ta saƙon tes, bar su yadda suke.

In kana son ka duba su duka a zama ɗaya, nemi alamar saiti. Ita ce mai zagaye da haƙora kamar giyar keke. Shiga, ka nemi wurin sanarwa. Idan tabilet ɗinka da Turanci yake, kalmar da za ka gani ita ce Notifications, yawanci da hoton ƙararrawa a gefenta. A ciki akwai sunan kowace manhaja da makunninta. Bi su ɗaya bayan ɗaya. Mai iPad shi ma ta wannan alama mai haƙora zai shiga.

Sababbin wayoyi, daga Android 13 da ya fito a 2022, sukan tambaye ka tun farko ko ka yarda manhaja ta riƙa aiko maka da sanarwa. Idan wasa ne ya tambaya, ka ƙi. Ba abin da zai lalace.

Wasan da ba ka yi kuwa, cire shi ya fi. Danne hotonsa, sai alamar kwandon shara ta fito, ka taɓa ta.

Cikin Facebook

Gayyatar da ke ɗauke da sunan mutum, daga cikin Facebook take fitowa. Idan ka kashe sanarwar Facebook gaba ɗaya, ba za ka ji labarin haihuwa ko rasuwa ko sharhin da aka yi maka ba. Saboda haka gara a shiga ciki a tsince.

Abu na farko da muke ba da shawara, mayar da Facebook ɗinka Hausa. Tun 2016 aka sa Hausa cikin harsunansa. Taɓa layuka uku da ke a kusurwa, ka shiga saiti, ka nemi wurin harshe, ka zaɓi Hausa. Fassarar wani lokaci takan yi nauyi, ba irin Hausar da muke yi a Gobir ba ce, amma ta fi zaman kallon Turanci.

Daga nan taɓa hoton ƙararrawa. Nemi gayyatar wasan. A gefenta akwai ɗigo uku. Taɓa su, ka zaɓi kashe irin wannan sanarwa.

Sa'an nan koma saiti, ka nemi sashen manhajoji da shafuka. A nan za ka ga duk wasannin da aka taɓa shiga da sunanka, har waɗanda yara suka shiga ba ka sani ba. Kowane ɗaya an ba shi izinin ganin sunanka da hotonka. Cire wanda ba ka so. A sashen nan kuma akwai makunnin kashe sanarwar wasanni baki ɗaya.

Idan kuma mutum ɗaya ne ya addabe ka, akwai wurin toshe gayyatarsa kawai a sashen toshewa. Ya fi fitowa idan an buɗe Facebook ta Chrome da irin fuskar kwamfuta, wanda faɗin tabilet ke sa ya yi sauƙin karantawa. Ka rubuta sunansa a gurbin gayyatar manhaja. Kuna nan abokai, za ku ci gaba da gaisawa, kuma ba za a gaya masa ka yi haka ba. Ka kula kada ka rubuta sunan a gurbin toshe mutum, wanda ke can sama. Shi wannan raba ku zai yi ɗungum. Kamfanin yakan sauya wa abubuwa wuri lokaci lokaci, don haka riƙe alamomin nan: ƙararrawa, ɗigo uku, layuka uku, da mai haƙora.

Masu cewa ka ci kyauta

Akwai wasu saƙonnin da ba daga wasa suke ba, ba kuma daga Facebook ba. Su ne masu cewa ka ci waya, ko gwamnati na raba data kyauta, ko zo ka sa ɗari biyu ka kwashi dubu ashirin. Yawanci wani shafin intanet ne ya nemi izini, aka danna masa ba a karanta ba. Za ka gane su da alamar Chrome a samansu. Danne saƙon kamar yadda muka faɗa, ka janye izinin. Wasu caca ce, wasu kuma damfara ce tsantsa. Duk wanda ya ce ka karanto masa lamba shida da WhatsApp ya aiko maka, ɓarawo ne, ko da ya kira sunanka da na mahaifinka. Da lambar zai ƙwace WhatsApp ɗinka, ya shiga roƙon 'yan'uwanka kuɗi da sunanka.

A WhatsApp kuma, zauren da ya cika surutu ana iya sa shi shiru na awa 8, ko mako ɗaya, ko dindindin, ba tare da ka fita ba. Amma zauren garinku da ake ba da labarin hanya, kada ka taɓa shi.

In kuwa ta saƙon tes talla ke zuwa, rubuta kalmar STOP ka aika zuwa 2442. NCC ce ta kafa wannan lamba a 2016, kuma kyauta ce. Idan kana sa kati kuɗin yana raguwa ba ka kira kowa ba, wataƙila an sa ka cikin wani wasa ko waƙa da ake cire wa kuɗi kullum. Danna *305# ka duba, ka soke. In kamfanin bai saurare ka ba, lambar kai ƙara wurin hukumar ita ce 622. Waɗannan lambobi na layukan Nijeriya ne. Mutanen bakin iyaka da ke amfani da layin Nijar, ba za su yi musu aiki a kansa ba.

Gargaɗi ɗaya

Wani zai ce maka ai akwai hanya gajeruwa, taɓa alamar jinjirin wata, ko zagaye mai layi a tsakiya, komai ya yi shiru. Haka ne. Amma in ba a gyara ta ba, tana iya haɗawa har da kiran waya. A ganinmu, mutumin da ke kwana a wannan yanki bai kamata ya rufe kunnen wayarsa da dare ba. Gara ka ɓata rabin awa kana kashe wasanni ɗaya ɗaya.

Idan yara na wasa da tabilet ɗin gida, kashe data kafin ka miƙa musu. Wasanni da yawa suna tafiya ba intanet, kuma talla ba za ta shigo ba. Da sun gama, ka kunna abinka.

Bayan ka gama duk wannan, kada ka tashi sai ka gwada. Sa wani na kusa da kai ya kira ka, ya aiko maka da tes, ya kuma aiko da saƙon WhatsApp. Idan duka ukun sun yi ƙara, aiki ya yi. Idan ɗaya ya yi shiru, to ka kashe makunnin da bai kamata ba. Koma wurin ƙararrawa a cikin saiti, ka nemi sunansa, ka kunna shi.