Kafin Ka Ɗora Sukurudireba A Kan Gem Ɗinka

(KIƊAN BUƊE SHIRI)

MAI GABATARWA: Yau a Jos muka yada zango, a Ali Kazaure da ke ƙaramar hukumar Jos ta Arewa, ɗaya daga cikin unguwannin cikin gari irin su Gangare da Garba Daho da Sarkin Arab. Batunmu shi ne gem na tafi-da-gidanka, wato 'yar na'urar wasan nan da yaro ke riƙewa da hannu biyu yana latse-latse, da yadda ake buɗe kwansonta idan ta sami matsala ba tare da an ƙarasa ta ba. Shirin na masu gem ne, da iyayensu da suka biya kuɗin, da kuma matasa masu koyon gyaran waya. Ku biyo mu.

(KIƊA YA TASHI, YA SAUKA)

MAI GABATARWA: Waɗanda suka yi ƙuruciya a shekarun 1990 za su tuna da gem ɗin jera bulo, mai cin batir biyu, wanda ake yi wa tambarin wasanni 9999 alhali wasa ɗaya ne yake ta sake riga. Masu hali a lokacin Game Boy suke saya wa 'ya'yansu, wanda kamfanin Nintendo na Japan ya fitar a watan Afrilun 1989. A ƙarshen 2004 kamfanin Sony ya fito da PSP, wanda ya shiga ran samari saboda wasan ƙwallo. Nintendo Switch ya zo a watan Maris na 2017, sai Steam Deck na kamfanin Valve a Fabrairun 2022.

Da yawa daga cikin waɗanda ke hannun yaranmu 'yan gwanjo ne, wani ya mora a Turai ko Amurka kafin su iso. Babu takardar garanti, babu kantin kamfani da za a mayar wa. Don haka ranar da maɓalli ya daina dannuwa, ko caji ya ƙi shiga, hanya biyu ce: ko dai yaro ya ɗauko wuƙar ɗakin girki da reza ya rufe ƙofa, ko a nufi masu gyaran waya a wajejen Taminus da titin Ahmadu Bello. Ta kowace hanya aka bi, haɗarin yana wuri ɗaya. Cutar da ta sa aka buɗe gem sau da yawa ƙarama ce, ƙura ce ko datti a ƙarƙashin maɓalli. Buɗewar ce ke kashe shi. Garin neman gira a rasa ido.

Me ya sa ko ƙwararren mai gyaran waya yake iya yin ɓarna a nan? Saboda hannunsa ya saba da wani abu daban. Wayoyin zamani da gam ake manne bayansu, sai an hura masu iska mai zafi gam ɗin ya yi laushi, sannan a ɓamɓare. Kwanson gem kuwa, wanda masu gyara ke kira kesin, notuna ne ke riƙe da shi, tare da wasu 'yan haƙoran roba da ke cije da juna ta ciki. Idan aka hura masa zafin da ake hura wa waya, robar za ta lanƙwashe, kuma ba ta komawa yadda take.

(KIƊA NA ƊAN LOKACI)

MAI GABATARWA: To bari mu fara da noti, domin a nan aka fi yin asara. Ku juya bayan Game Boy Advance, ko DS, ko Switch, ku duba kan notin da kyau. Ba mai tsaga huɗu ba ne irin wanda muka saba gani a rediyo. Tsagarsa uku ce. Nintendo ya daɗe yana amfani da irin wannan, kuma yana da sukurudirebansa na musamman mai baki uku. A bayan Switch akwai guda huɗu, kuma lambar sukurudireban da ke shiga su daidai ita ce Y00. Wanda ya cusa mai baki huɗu, ko tsinin almakashi, zai gwaguye kan notin ya zama rami, daga nan kuma ko sukurudireban gaskiya ya zo ba shi da abin kamawa.

Akwai wani tarkon da ya fi wannan ɓoyuwa. Wasu notunan na'urorin Japan tsaga huɗu gare su, amma a kan ma'aunin masana'antun Japan aka ƙera su, wanda ake kira JIS. A ido kamar ɗaya suke da Phillips, wato mai tsaga huɗun nan na kasuwa, sai dai bakin Phillips ba ya zama daram a cikinsu, yana zamewa waje idan an murɗa da ƙarfi. Notunan gefe da na sama da na ƙasan Switch irin waɗannan ne. Ka'idar ita ce ka danna sukurudireba ƙasa sosai, ka murɗa a hankali. Idan ka ji ya zame sau ɗaya, tsaya. Shimfiɗa robar ɗaure kuɗi a kan notin, ka danna ta cikinta ka sake gwadawa. Idan ya ƙi, kai wa wanda ya fi ka kayan aiki.

Sai notunan ɓoye. A tsohon Game Boy notuna shida ne, biyu daga ciki suna cikin gidan batir. A PSP akwai wanda ke ƙarƙashin takardar gargaɗin da aka manna a gidan batir. A DS Lite an rufe wasu da 'yan robobi a baya. A Switch akwai wani ƙarami a ƙarƙashin ƙafar da ake jingine shi da ita. Saboda haka duk sanda ka kwance waɗanda kake gani, ka ja kwanso ya ƙi rabuwa, kada ka ƙara ƙarfi. Akwai notin da bai fita ba, koma ka nemo shi.

Kuma notunan ba tsawonsu ɗaya ba. Idan dogo ya shiga ramin gajere lokacin mayarwa, zai huda allon injin, ko ya turo roba ta waje. Dabarar mai sauƙi ce. Zana hoton bayan gem a takarda, duk notin da ka cire ka manna shi da salatif a daidai wurinsa. Ga kuma waya a aljihunka, ka riƙa ɗaukar hoto kafin ka cire kowane abu.

(KIƊA YA TASHI, YA SAUKA)

MAI GABATARWA: Idan yanzu kuka kama mu, shirinmu na musamman ne daga Ali Kazaure a Jos, muna magana a kan buɗe gem na tafi-da-gidanka ba tare da ɓarna ba.

Kafin a taɓa noti ko ɗaya akwai abubuwan da ake fara yi. A kashe na'urar gaba ɗaya, ba a bar ta tana barci ba. A zare kaset ɗin wasa, a zare memori. Wannan na memori ba ƙaramin abu ba ne. A Steam Deck, bakin katin yana ratsa kwanson baya, wanda ya manta da shi ya ɓalle murfin, katin zai karye gida biyu da duk abin da ke ciki. Idan batirin caji ne, a bar shi ya sauka ƙasa da kashi 25 cikin ɗari, domin cikakken batirin litiyam idan aka huda shi yana iya kamawa da wuta nan take.

Bayan notuna sun fita, sauran haƙoran roba. Ƙarfe ba ya shiga wannan aiki. Wuƙa da reza da sukurudireba mai faɗi suna tauna gefen kwanso, kuma idan suka zarce ciki suna iya yanke waya ko su soki batir. A nemi tsohon katin cirar kuɗi, ko 'yar robar ɓamɓara da masu gyara ke amfani da ita. A sa bakinta kaɗan a tsagar da ke tsakanin gaba da baya, a riƙa jan ta a gefe, za a ji haƙoran suna saki ɗaya bayan ɗaya.

Da kwanso ya saki, kada a fizge. Tsakanin ɓangarorin biyu sau da yawa akwai wata waya mai faɗi, siririya ƙwarai, wadda masu gyara ke kira fileks. Ita ce ke kai hoto gilashi, ko ta ɗauko saƙon maɓallai. A ɗaga gefe ɗaya a leƙa tukuna. Yawancinsu suna shiga wata 'yar soket mai ƙaramin murfi. Da farce ake ɗaga murfin, sannan a zaro fileks ɗin a miƙe. Wanda ya ja ba tare da ya ɗaga murfin ba, ko dai fileks ya yage ko soket ɗin ta ɓalle daga allo. Kuma da zarar ciki ya bayyana, soket ɗin batir ake fara cirewa kafin komai.

(KIƊA NA ƊAN LOKACI)

MAI GABATARWA: Yanzu ga abin da ya shafi Jos musamman. Garin nan yana kan tudu, sama da mita 1,200 daga matakin teku, kuma kowa ya san hunturunsa. Sanyi da busasshiyar iska suna kawo matsala biyu ga mai wannan aiki. Ta farko, tsohuwar roba tana ƙara gautsi a cikin sanyi. Gem ɗin da ya shekara ashirin, idan aka buɗe shi da sassafe a watan Disamba ko Janairu, haƙoransa sun fi saurin karyewa. A bari rana ta ɗaga, ko a ɗumama shi a aljihu. Ba a kusa da gawayi ba.

Ta biyu ita ce wutar jiki. Kun san ƙarar tas-tas ɗin da ake ji idan an tuɓe rigar sanyi da dare, ko ɗan jan da ƙofar mota ke yi wa yatsa? Lantarki ne da ke taruwa a jiki idan iska ta bushe. Mutum ba ya jin sa sai ya kai ƙarfin bolt kamar 3,000, amma abin da bai kai 100 ba yana iya ƙona wasu ƙananan sassan allon injin. Ba hayaƙi, ba ƙara, sai dai a rufe gem ya ƙi tashi. Maganinsa shi ne a tuɓe rigar ulu, kada a yi aiki a kan bargo ko kafet, a taɓa ƙofar ƙarfe kafin a fara, kuma a riƙe allo ta gefensa kawai. Mai shago ya sayi abin ɗaurawa a wuyan hannu da ke sauke wannan wuta.

Sai wanki. Fetur da tina suna cin irin robar da ake yin kwanson gem da ita, suna dusashe gilashi. Sinadarin da ya dace shi ne sifirit ɗin wanke kayan lantarki, a ɗiga a auduga, a goge a hankali. Idan batirin alkalin ya yi yoyo ya bar farin gari a kan ƙarafan gidansa, ɗigon ruwan lemon tsami yana narkar da shi, sai a bi da sifirit, a bar shi ya bushe sarai.

Idan kuwa aka ga bayan PSP ya kumbura, murfin batir ya ƙi rufuwa, batirin ne ya lalace. Kada a danna shi, kada a huda shi da allura wai iska ta fita, kada a sake sa masa caji. A cire shi, a ajiye a gwangwani mai yashi, nesa da yara da risho.

Wajen rufewa, noti a cikin roba yake cizo. A fara juya shi baya kaɗan har a ji ya faɗa tsohuwar hanyarsa, sannan a ɗaure, a tsaya da zarar ya tsaya. Ɗaurin ƙarfi yana tsaga gindin ramin. Idan kwanso ya ƙi haɗuwa, akwai wayar da ta shiga tsakani.

(KIƊA YA TASHI, YA SAUKA)

MAI GABATARWA: A duniya ma ana ta fafutuka a kan haƙƙin mai kaya ya gyara kayansa. A 2018 hukumar kula da kasuwanci ta Amurka ta gargaɗi wasu kamfanoni, ciki har da Nintendo da Sony da Microsoft, a kan sharuɗɗan da ke soke garanti don kawai an kai gyara wani wuri ko an cire takardar da aka manna. Tarayyar Turai kuma ta yi doka a 2023 da ta tanadi cewa daga Fabrairun 2027, ƙananan na'urori su zo da batirin da mai su zai iya canjawa da kansa. Valve da kansa ya sauya notunan Steam Deck a samfurin da ya fitar a ƙarshen 2023, suka koma shiga cikin ƙarfe maimakon roba, don a iya buɗewa a rufe ba tare da ramin ya lalace ba.

Ga mai kai gyara, tambaya ɗaya ta isa ta nuna maka hannun da za ka ba kayanka. Ka ce, "Oga, kana da mai baki uku?" Idan ya ɗauko ya nuna maka, bismilla. Idan ya ce ai kowanne ma yana yi, karɓi kayanka ka yi masa sai an jima. Ka kuma tuna cewa a Switch, inda yaro ya kai a wasa yana ajiye ne a cikin injin, ba a memori ba, don haka lalacewar allon injin tana iya tafiya da shi duka.

Ku kuma ƙannenmu masu koyon gyara a Ali Kazaure da kewaye, ga fage a buɗe. Ku nemi izinin iyayen gidanku ku sayi saitin ƙananan sukurudireba mai ɗauke da baki uku da JIS, ku nemo matattun gem ku yi ta koyon buɗewa da rufewa a kansu kafin ku taɓa na mutane. Iyaye kuma, idan gem ya tsaya, ku karɓe shi daga hannun yaro tun kafin ya je neman wuƙa.

A nan za mu dasa aya a shirin namu na yau.

(KIƊAN RUFE SHIRI)