Ba A Fafe Gora Ranar Tafiya: Abin Da Kimiyya Ta Gano Game Da Tunawa Da Mantuwa

Cikin ƙorafe-ƙorafen da nake ji daga bakin ɗalibai a jami'a, babu wanda ya fi maimaituwa kamar wannan: "Malam, ina karatu, amma ba ya zama." Mai faɗin haka galibi ya riga ya yanke wa kansa hukunci. Ko dai ya ɗauka ba a ba shi kaifin ƙwaƙwalwa irin na wane ba, ko yana zargin an yi masa sammu, ko kuma ya fara sauraron masu tallan maganin ƙarfin hadda a bakin tasha. Abin da ba kasafai yake tuhuma ba shi ne yadda yake yin karatun. A nawa ganin kuwa nan ne gizo ke saƙar, kuma ba ra'ayina kaɗai ba ne, domin sama da ƙarni guda ke nan masana suna auna lamarin da ma'auni.

Wanda ya fara awon wani Bajamushe ne mai suna Hermann Ebbinghaus, wanda ya wallafa sakamakon bincikensa a shekarar 1885. Ba shi da ɗakin gwaji, ba shi da mutanen da zai gwada, don haka sai ya mayar da kansa abin gwajin. Ya ƙirƙiri gaɓoɓi marasa ma'ana kimanin 2,300, domin kada sanin da ya riga ya yi wa wata kalma ya taimake shi, ya riƙa jera su yana haddacewa har ya iya kawo su ba gargada. Daga nan sai ya bar su na wani lokaci, ya dawo ya sake koyo, yana lissafin sauƙin da ya samu. Idan karon farko ya ci masa minti goma, na biyu ya ci shida, ke nan kashi 40 cikin ɗari na wahalarsa ta farko bai tafi a banza ba. Da wannan lissafi ya gano cewa bayan minti 20 kacal abin da ya rage kashi 58 ne, bayan awa ɗaya 44, bayan kwana ɗaya kimanin 34, bayan wata guda kuwa 21. A 2015 wasu masana biyu a Jami'ar Amsterdam ta ƙasar Holan, Jaap Murre da Joeri Dros, suka maimaita gwajin, suka sami kusan abin da ya samu.

Mai karatu ya dubi waɗannan alƙaluma da kyau. Mantuwa ba tafiyar hawainiya take yi ba. A awannin farko take yin babbar ɓarnarta, sannan ta lafa. Ɗalibin da ya fito daga lacca ranar Litinin, bai sake waiwayar littafinsa ba sai makon jarrabawa, ya bar ruwa ya gama tsiyayewa kafin ya tuna da toshe tulun. Gaskiya ne abu mai ma'ana ya fi gaɓoɓin banza daɗewa a kai, amma fasalin zubewar iri ɗaya ne.

Ebbinghaus ya gano wani abu na biyu wanda ya fi na farko amfani a gare mu. Jeri mai gaɓa 12, in ya maimaita shi sau 68 a zama ɗaya, abin da yake samu daidai yake da maimaitawa 38 da ya rarraba cikin kwana uku. Wato kusan rabin wahala, sakamako guda. Ɗaruruwan gwaje-gwaje sun biyo baya, a kan yara da manya, a kan harshe da lissafi, kuma da wuya a sami wata ƙa'ida a ilimin halayyar ɗan Adam da ta tabbata kamar wannan: awa shida da aka raba cikin kwana shida ta fi awa shida a dare guda. Bahaushe ya riga ya faɗa, ba a fafe gora ranar tafiya. Duk da haka, duk wanda ya ratsa ajujuwan jami'o'inmu da ƙarfe ukun dare a makon jarrabawa zai tarar da su maƙil da masu kwanan zaune, ga goro, ga shayi, ga fitilar waya.

Me ya sa wannan al'ada ta ƙi mutuwa? Domin tana aiki, amma na ɗan lokaci, kuma wannan shi ne tarkon. A 2006 Henry Roediger da Jeffrey Karpicke na Jami'ar Washington da ke birnin St. Louis a Amurka suka ba ɗalibai gajerun rubuce-rubuce su karanta. Wani rubutun aka ce su sake karanta shi karo na biyu. Wani kuma aka karɓe takardar, aka ce su rubuta duk abin da suke iya tunawa, ba tare da an gyara musu ba. Da aka gwada wasu daga cikinsu bayan minti biyar, maimaita karatu ne ya yi nasara: kashi 81 a kan 75. Amma waɗanda aka gwada bayan mako guda, sai reshe ya juye da mujiya: abin da aka maimaita karantawa ya faɗo zuwa 42, abin da aka yi ƙoƙarin tunowa ya tsaya a 56. Abin da ya fi jan hankalina shi ne, a gwajinsu na biyu, waɗanda suka fi kowa maimaita karatu su ne suka fi kowa amincewa cewa za su tuna, kuma su ne suka fi kowa mantawa.

A nan ya kamata mu ɗan daɗe. Idan ka karanta shafi sau huɗu, idonka ya saba da shi, jimlolin suna wucewa sumul, sai zuciyarka ta ce maka ai ka sani. Alhali gane abu idan an gan shi daban, fito da shi daga ka idan babu shi a gaba daban. Kowa ya taɓa haɗuwa da fuskar da ya tabbata ya sani, amma sunan ya ƙi zuwa. Zauren jarrabawa kuwa suna yake tambaya, ba fuska ba. Shi ya sa ɗalibi zai rantse da gaskiyarsa cewa ya karanta, kuma bai yi ƙarya ba. Abin da bai taɓa yi ba shi ne rufe littafin ya tambayi kansa. Wannan ƙoƙarin lalubo abu daga ƙwaƙwalwa, da ɗan gumin da ke tattare da shi, ba awon ilimi kawai ba ne, shi kansa gina ilimin ne. Robert Bjork na Jami'ar Kalifoniya da ke Los Angeles ya kira irin wannan wahala mai amfani, domin karatun da ya zo da sauƙi da sauƙi yake tafiya. A 2013 John Dunlosky da abokan aikinsa suka tace binciken da aka yi a kan hanyoyin karatu guda goma. Biyu kaɗai suka sami babban matsayi: gwada kai da rarraba karatu. Maimaita karantawa da ja wa layi alƙalami mai launi, waɗanda su ne abincin yau da kullum na ɗalibanmu, suna cikin na ƙasa.

Abin da ke ba ni mamaki, har da ɗan takaici, shi ne waɗannan ƙa'idoji biyu ba baƙi ba ne a ƙasar Hausa. Littafin Ta'alimul Muta'allim na Zarnuji, wanda aka rubuta kimanin shekara 800 da suka wuce, kuma har yau ake karanta shi a zaurukanmu, ya shawarci ɗalibi ya maimaita darasin jiya sau biyar, na shekaranjiya sau huɗu, na gabaninsa sau uku, haka har zuwa ɗaya. Wannan jadawalin rarraba karatu ne tsaf, ƙarnuka kafin a haifi Ebbinghaus. A tsangaya kuma, almajiri ba ya wanke allo sai ya kawo abin da ke kai da ka a gaban malam. Bayan ya wanke, rubutun ya tafi, ba abin da ya rage masa sai tilawa da dare da asuba. Wanda ke neman zama alaramma kuwa sai ya rubuta Alƙur'ani da ka. A cire allo a sa takarda, abin da Roediger da Karpicke suka auna ke nan. Akwai abubuwa da yawa da za a iya faɗa game da halin da almajirai suke ciki a yau, kuma ya kamata a faɗa, amma wannan bai hana mu yarda cewa dabarar haddar tana da tushe mai ƙarfi ba. Sau da yawa na ga ɗalibin da ya haddace izu sittin da wannan hanya, da ya zo jami'a sai ya ajiye ta a ƙofa, ya koma karanta takardar malami kamar jarida, yana zaton ilimin boko wata ƙwaƙwalwa daban yake shiga.

Na san wasu abokan aikina za su ce ai jami'a wurin fahimta ne, ba wurin hadda ba. Rabin gaskiya ce. A 1973 William Chase da Herbert Simon suka nuna wa 'yan wasan ces, wato darar Turawa, allon wasa na daƙiƙa biyar, sannan suka ce su sake jera 'ya'yan yadda suka gani. In jerin daga wasa na gaske aka ɗauko shi, gwani yana yi wa ɗan koyo fintinkau. In kuwa watsa 'ya'yan aka yi barkatai, fifikon nasa kusan ɓacewa yake yi. Ashe ba ƙwaƙwalwar gwani ce ta fi girma ba. Dubban fasalolin da ya riga ya adana ne suke ba shi damar ganin abu ashirin a matsayin dunƙule huɗu ko biyar. Abin da hankalin mutum ke iya riƙewa a lokaci guda kaɗan ne ƙwarai: George Miller ya ce kimanin bakwai a 1956, Nelson Cowan ya rage shi zuwa kimanin huɗu a 2001. Saboda haka wanda bai adana komai ba, da me zai yi tunanin? Mai cewa komai yana cikin waya ya manta cewa ba a tambayar intanet abin da ba a san akwai shi ba. Fahimta tana sa hadda ta zauna, hadda kuma ita ce jarin da fahimta ke juyawa.

Sai batun barci, wanda masu kwanan zaune suka mayar abokin gaba. A 1953 aka yi wa wani matashi Ba'amurke, Henry Molaison, tiyata saboda farfaɗiya, aka cire masa mafi yawan wani sashe na ƙwaƙwalwa da ake kira hifokamfas ta ɓangarorin biyu. Farfaɗiyar ta yi sauƙi, yana tuna yarintarsa, amma har ya rasu a 2008 bai ƙara iya adana sabon al'amari yadda ya kamata ba. Brenda Milner, wadda ta shafe shekaru tana nazarinsa, kullum baƙuwa ce a wurinsa. Daga kansa aka fahimci cewa sabon abu yana buƙatar wannan sashe kafin ya kafu. Binciken da ya biyo baya ya nuna cewa wani muhimmin ɓangare na wannan kafuwa a cikin barci yake faruwa, lokacin da ƙwaƙwalwa ke sake bin abin da ta ɗauka da rana. Tun a 1924 ma John Jenkins da Karl Dallenbach sun nuna a Jami'ar Cornell cewa wanda ya koyi abu ya yi barci ya fi wanda ya koya ya wuni a farke tunawa da shi. Wanda ya hana kansa barci don karatu, kamar magini ne da ya yi ta ɗora tubali bai bar na ƙasa ya bushe ba.

To amma rashin adalci ne a ɗora wa ɗalibi laifin duka. Tsarin da yake ciki shi ke koya masa yadda zai yi karatu. Idan maki 60 ko 70 cikin ɗari suna rataye a kan jarrabawa ɗaya ta ƙarshen zango, sauran kuma a kan gwaji guda da ake yi a gurguje, to mai hankali zai tara ƙarfinsa ne a makon ƙarshe. Bayan yajin aikin wata takwas na 2022, jami'o'i da dama sun matse zangunan karatu domin cike giɓi, wanda ke nufin an gama manhaja a takarda, amma tazarar da ilimi ke buƙata domin ya zauna ita aka yanke. Haka abin yake a sakandare, inda shekarar ƙarshe take komawa haddar amsoshin tsofaffin tambayoyin WAEC da JAMB. Illar ba a ranar jarrabawa take bayyana ba, sai bayan shekaru, ranar da ma'aikaciyar jinya za ta lissafa adadin magani, ko injiniya zai auna nauyin da gada za ta ɗauka. Harry Bahrick da Lynda Hall sun gwada mutane a kan aljabarar sakandare har bayan shekara hamsin da barinta, suka wallafa a 1991. Waɗanda suka ci gaba da amfani da ita a darussan lissafi masu zurfi na tsawon shekaru kusan ba su manta komai ba. Waɗanda suka yi ta a zango ɗaya suka wuce, ko da sun ci maki mai kyau, ta zube musu.

Gyaran bai buƙatar kasafin kuɗi. Minti biyar na farkon kowace lacca sun isa a ce kowa ya rufe littafi ya amsa tambaya uku: ɗaya daga darasin jiya, ɗaya daga na makon jiya, ɗaya daga na watan jiya. A aji mai ɗalibi ɗari biyar ma ana iya yi, domin ba sai malami ya duba takardun ba. Kowa ya miƙa wa na kusa da shi, a faɗi amsa a allo. Makin gwajin cikin zango kuma a raba shi gida huɗu ko biyar maimakon ɗaya, kowane gwaji ya waiwayi abin da aka wuce tun daga makon farko, ba na jiya kaɗai ba.