John Box da Sana'ar Tsara Filin Fim

1. Gabatarwa

Idan ana zancen sinima, sunan ƴan wasa da na mai ba da umurni ne ke fitowa. Ba safai ake tunawa da wanda ya gina wurin da labarin ke gudana ba. Wannan ma'aikaci shi ne Faransawa ke kira chef décorateur, mu kuwa a nan za mu kira shi mai tsara filin fim. A cikin wannan ɗan bayani za mu bi sawun John Box, ɗan ƙasar Ingila, domin mu nuna cewa garin da mai kallo ke gani a majigi sau da yawa ginannen abu ne, wani ne ya zaɓi siffarsa.

2. Ma'anar aikin

Mai tsara fili yakan fara aiki tun kafin a ɗauki hoto ko ɗaya. Zai karanta labarin, ya zana kowane ɗaki da kowane titi, ya je neman wuraren da suka dace, sannan ya shugabanci magina, kafintoci da masu fenti. Shi ne kuma ke lissafin abin da ginin zai ci. Ko a sinima ko a telebijin aikin ɗaya ne, sai dai kuɗi da lokacin sinima sun fi yawa.

3. Rayuwarsa

An haifi John Box a Landan a shekarar 1920. Ya yi ƙuruciya a tsibirin Silan, wato Siri Lanka ta yau. Ya karanta ilimin zanen gine-gine, ya kuma yi yaƙin duniya na biyu a rundunar motocin sulke. Bayan yaƙi ya shiga sinima a matsayin mai zanen taswirar gini, ya riƙa hawa sannu a hankali. A 1958, a fim ɗin The Inn of the Sixth Happiness, ya mai da duwatsun arewacin Wales suka zama ƙasar Sin. Tun daga nan aka gane gwanintarsa ta sa wata ƙasa ta tsaya a madadin wata.

4. Aikinsa da David Lean

Sunansa ya fito sosai da Lawrence of Arabia na David Lean, a 1962. An fara ɗaukar fim ɗin a hamadar Jordaniya, daga baya aka koma Ispaniya da Maroko. Birnin Akaba da ake gani Larabawa suna aukawa bisa dawaki da raƙuma, Box ne ya gina shi a bakin wani busasshen kogi kusa da Carboneras, cikin lardin Almeriya, da gidaje kimanin 300 waɗanda yawancinsu fuska ce kawai. Gine-ginen birnin Sebiya kuma suka tsaya a madadin Alƙahira, Ƙudus da Dimashƙa.

A Doctor Zhivago, 1965, matsalar ta siyasa ce: Tarayyar Sobiyet ta haramta littafin, don haka babu halin aiki a can. Sai ya gina titin Masko har da taragon lantarki a Canillas, gefen Madrid. Da hunturun Ispaniya ya ƙi kawo isasshiyar ƙanƙara, aka baza garin farin dutsen marmara a ƙasa. Gidan nan da ya daskare a ƙarshen fim, da kakin zuma aka lulluɓe cikinsa.

Sun sake haɗuwa a A Passage to India, 1984, inda aka gina garin labarin a harabar fadar Bangalor.

5. Lambobin yabo

Box ya sami kyautar Oscar sau huɗu: Lawrence of Arabia, Doctor Zhivago, Oliver! na 1968, wanda aka gina tsohuwar Landan dominsa a ɗakunan Shepperton, da Nicholas and Alexandra na 1971. Aikinsa na ƙarshe-ƙarshe shi ne First Knight, 1995. Ya rasu a 2005.

6. Kammalawa

Abu biyu ne ya kamata ɗalibi ya riƙe. Na farko, wannan sana'a ta mai warware matsala ce: inda siyasa, kuɗi ko yanayi suka toshe hanya, mai tsara fili ne ke buɗe wata. Na biyu ya fi nauyi. Miliyoyin mutanen da ba su taɓa taka ƙasar Larabawa ko Rasha ba, siffar da suka riƙe a zuci ita ce wadda wani Baturen Ingila ya zana a takarda, leburorin Ispaniya suka kafa da katako da filasta. Saboda haka duk mai nazarin fim, in ya ga gari a majigi, ya dace ya tambayi kansa: wa ya gina shi, a ina, kuma me ya zaɓa ya bari a waje?