Bashin gida na shekara 15: nawa ne ainihin abin da za ka mayar wa banki?

A Yamai, a Maraɗi ko a Damagaram, ma'aikacin da ya shiga banki neman rancen gina gida tambaya ɗaya yake fara yi: nawa za a riƙa cire mini a wata? Tambayar da ba a cika yi ba ita ce: ranar da na gama biya, nawa ne ya fita daga aljihuna gaba ɗaya? Amsar ta farko a tsaye ake ba da ita. Ta biyu kuwa tana cikin wata takarda mai layi-layi da ake kira tableau d'amortissement, wadda akasari ake ninkewa a jefa cikin jaka ba a karanta ba.

Bari mu buɗe ta da misali. A ce ka ranci miliyan 10 na CFA, ruwa kashi 9 cikin 100 a shekara, za ka biya cikin shekara 15. Kashi 9 ɗin misali ne kawai don lissafi. Kowane banki da nasa farashin, kuma yakan bambanta daga mutum zuwa mutum. Da wannan sharaɗi za a riƙa cire maka CFA 101,427 kowane wata har sau 180. Jimilla miliyan 18 da jika 257. Ke nan miliyan 8 da jika 257 kuɗin ruwa ne zalla, kafin a zo maganar inshora da takardu.

Kuskure biyu ake yi a nan. Wani idan ya ji "kashi 9" sai ya ɗauka jika 900 zai ɗora a kan miliyan 10 shi ke nan. Ya manta kowace shekara ake lissafa ruwan. Wani kuma sai ya ninka kashi 9 sau 15, ya samu miliyan 13 da rabi, ya tsorata. Shi ma bai yi daidai ba, domin a tsarin da bankuna suka saba bi ana lissafa ruwa ne a kan abin da ya rage na bashin, ba a kan abin da aka karɓa tun farko ba. Sai dai a kula: akwai masu ba da rance da ke lissafawa a kan uwar kuɗin gaba ɗaya daga farko har ƙarshe. Kashi 9 irin wannan, a shekara 15, daidai yake da kashi 13 da rabi a tsarin banki. Suna ɗaya, nauyi daban.

Ina kuɗin watannin farko ke tafiya?

Wannan shi ne abin da ya fi ba mutane mamaki, har wasu su zargi banki da cuta. A watan farko ana bin ka miliyan 10 cif. Ruwan wata ɗaya a kansu CFA 75,000 ne. Banki zai fara ɗaukar wannan daga cikin 101,427 ɗin da ka biya, sauran 26,427 kaɗai ne ke rage bashin. A wata na biyu bashin ya koma 9,973,573, ruwansa 74,802, abin da ya tafi ga uwar kuɗi 26,625. Ƙarin da aka samu bai kai CFA 200 ba. Haka abin ke tafiya, kamar mai kwasar yashi da cokali.

Bayan shekara 5 ka biya miliyan 6 da jika 86. Je ka tambayi abin da ya rage: miliyan 8 da ƴan kai. Daga cikin miliyan 6 ɗin da suka fita, abin da ya taɓa bashin bai cika miliyan 2 ba. A tsakiyar tafiya, shekara 7 da rabi, mai tsammanin ya ci rabin bashi zai tarar ana bin sa miliyan 6 da jika 620. Sai a wata na 89 ne rabon uwar kuɗi ke fara wuce rabon ruwa. Daga nan gangara ce: shekaru 5 na ƙarshe kaɗai suna share kusan miliyan 4 da jika 900.

Babu algus a ciki, haka lissafin yake. Amma yana da sakamako. Wanda aka yi wa canjin wurin aiki, ko wata larura ta tilasta masa sayar da gidan a shekara ta huɗu ko ta biyar, zai ga mafi yawan kuɗin sayarwar banki ne zai ɗauka, duk da shekarun da ya yi yana biya.

Tsawon lokaci shi ne mai cin kuɗi

Miliyan 10 ɗin nan, da ruwa kashi 9, idan cikin shekara 10 za a biya, kason wata CFA 126,676 ne, jimilla miliyan 15 da jika 201. Idan shekara 20 ce, kason wata ya sauko zuwa 89,973, jimilla kuma ta haura miliyan 21 da rabi. Ruwan ya fi uwar kuɗin yawa ke nan.

A duba tazarar da ke tsakanin shekara 15 da 20. Sauƙin da ka samu a wata bai kai jika 11 da rabi ba. Farashin wannan sauƙi shi ne ƙarin miliyan 3 da jika 337, da ƙarin shekara 5 albashinka na ɗaure. A ganina wannan ciniki ne mai tsada, sai ga wanda ba shi da zaɓi.

Kuma da yawa ba su da zaɓin. Bankuna sukan ƙi yarda abin da ake cirewa ya wuce wajen kashi ɗaya cikin uku na albashi. Da wannan ma'auni, rancen miliyan 10 na shekara 10 yana buƙatar albashin jika 380. Na shekara 15, jika 304. Na shekara 20, jika 270. A ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake jika 42, an ga ko su wane ne ke iya shiga wannan ƙofa. Ga kuma shekaru: banki yana so a gama biya kafin ritaya, don haka mai shekara 50 ba zai samu tsawon da mai 35 zai samu ba, ko da albashinsu ɗaya.

Samun dogon rance ma ba abu ne mai sauƙi ba a yankin. Kuɗin da ke hannun bankuna ajiyar mutane ce da za su iya zuwa ɗauka gobe, ba da shi rance na shekara 20 kasada ce. Don rage wannan matsala aka kafa asusun CRRH-UEMOA a 2010, mai mazauni a Lome, wanda ke ba bankunan ƙasashen UEMOA kuɗi na dogon zango don su ba masu neman gida. A Nijar kuma an buɗe bankin gidaje na BHN a 2018.

Maki ɗaya na ruwa ba ƙaramin abu ba ne. A shekara 15, saukowa daga kashi 9 zuwa kashi 8 yana rage jimilla da sama da miliyan ɗaya. A kashi 7, kason wata 89,883 ne, kusan daidai da na mai biyan kashi 9 a shekara 20, alhali shi zai riga shi gamawa da shekara 5. Shi ya sa zagaya bankuna biyu ko uku kafin sa hannu ya fi kowane tayin siminti riba, musamman ga ma'aikatan da hukumarsu ke da yarjejeniya da wani banki.

Abin da ba ya cikin kashi 9

Akwai kuɗin buɗe dosiye. Akwai inshorar rai da naƙasa, wadda ke biyan sauran bashin idan mai rancen ya rasu, don kada a kori iyalinsa daga gida. Akwai inshorar gobara. Akwai ladan notaire da kuɗin rajistar jingina, da haraji. A ce inshorar rai rabin kashi ɗaya ce cikin 100 na uwar kuɗi a shekara: jika 50 ke nan, a shekara 15 jika 750. A tambaya ko a kan uwar kuɗin farko ake lissafa ta ko a kan abin da ya rage, domin bambancin yana da yawa.

Lambar da ya kamata a nema ita ce TEG, taux effectif global, wadda ke haɗa ruwa da sauran caje-cajen rancen, ban da haraji. Doka ta wajabta a rubuta ta cikin yarjejeniya. A 2014 hukumomin kuɗi na yankin suka ƙayyade iyakarta a kashi 15 ga bankuna, kashi 24 ga ƙananan asusun ba da rance. Bankin da ya ce kashi 8 da caje-caje masu nauyi yana iya fin mai kashi 9 tsada, kuma TEG ce ke tona wannan. Iyakar kashi 24 kuma ta isa ta nuna dalilin da ya sa gina gida da kuɗin ƙaramin asusu yake da haɗari.

Sai takardar fili. A ƙarƙashin dokokin OHADA, da ke aiki a Nijar, Chadi, Kamaru da Benin, filin da aka yi wa rajista ne ake iya jinginarwa. Mai riƙe da acte de cession kaɗai yakan tarar sai ya nemi titre foncier tukuna, kuma kuɗin wannan daga aljihunsa zai fita kafin ya ga ko dala ta rance.

Wani abin da ke ruɗin mutane shi ne différé, jinkirin fara biya har a gama gini. Ruwa ba ya hutawa a lokacin. Idan an sako miliyan 10 gaba ɗaya, shekara guda ta jinkiri jika 900 ce, ko dai ka biya ta wata-wata ko a ɗora ta a kan bashin ta fara haifar nata ruwan.

Biya kafin lokaci

Tunda nauyin ruwa a farko yake, kuɗin da aka zuba da wuri sun fi aiki. A ce a ƙarshen shekara ta 3 ka samu miliyan ɗaya, daga gado, ko asusu, ko sayar da dabbobi, ka zuba a kan uwar kuɗi, ka ci gaba da biyan kasonka yadda yake. Za ka rage wata 26 daga wa'adi, ka tsira da kusan miliyan ɗaya da jika 660 na ruwa. Wannan miliyan ɗin, idan sai a ƙarshen shekara ta 12 aka zuba, abin da za ta ceto bai wuce jika 250 da ƴan kai ba. Kafin sa hannu a duba ko yarjejeniyar ta yarda da biyan wani ɓangare kafin lokaci, da kuma tarar da ke kai, domin wasu bankuna suna caji.

Akasin haka shi ne makara. Watan da ba a biya ba yana jawo tara, kuma sunan mutum yana shiga rajistar masu bashi da sauran bankuna ke dubawa. Idan abin ya ci tura, doka ta ba banki damar kai gidan kotu a yi gwanjonsa. Wanda ya ga alamar albashi zai tsaya, gara ya je a sake tsara bashin tun kafin watannin su taru.

Masu guje wa riba suna da wata hanya a Banque Islamique du Niger da sassan Musulunci na wasu bankuna. A tsarin murabaha, banki ne ke sayen gida ko kayan gini, ya sayar maka da riba sananniya, farashi ya tsaya tun ranar farko. Hukuncin ya bambanta, amma lokaci yana da farashi a nan ma: ribar shekara 15 ba za ta zama ta shekara 7 ba. Tambayoyin su ne dai: nawa ne jimilla, kuma idan na biya da wuri za a yi mini rangwame? Tunda an riga an yanke farashi, rangwamen ba dole ba ne.

A ƙetaren iyaka lissafin ya sha bamban. A Najeriya, ma'aikacin da ke zuba kashi 2 da rabi na albashinsa a asusun gidaje na NHF yana iya samun rance a kashi 6, har tsawon shekara 30. A 2024 tsadar kayayyaki a can ta wuce kashi 30 cikin 100, don haka kason wata da ba ya canzawa sai ƙara sauƙi yake yi a zahiri, muddin kuɗin shigar mutum na ƙaruwa. Wanda bai samu wannan ba ya je bankin kasuwa, ruwan da ya haura kashi 20 ke jiran sa. A yankin CFA kuwa, inda euro ɗaya ke tsaye a kan 655.957, hauhawar farashi ba ta kai haka ba. Jika 101 na yau ba za su yi sauƙi sosai nan da shekara 10 ba, sai in albashi ya hau.

To, miliyan 8 na ruwa asara ce? Ya danganta da abin da aka kwatanta su da shi. Idan aka raba su a kan wata 180, kusan jika 46 ne a wata. Mai biyan hayar jika 60 zai zuba miliyan 10 da jika 800 cikin shekara 15, ko da mai gida bai taɓa ƙara masa ba, ya fita ba shi da ko bulo ɗaya. Mai gini kaɗan-kaɗan daga albashi ba ya biyan ruwa, amma yana biyan haya duk tsawon shekarun, ga farashin siminti da ƙarfe da ba sa jiran kowa.

Wannan kwatanci yana aiki ne kawai idan rancen ya kai gidan matakin shiga. Wanda ya ci miliyan 10 ginin ya tsaya a linta, zai riƙa biyan banki jika 101, mai gida jika 60, daga albashi ɗaya. Don haka kafin a kai dosiye banki, a sa magini ya yi ƙiyasin aikin har rufi, ƙofofi, wuta da ruwa, a ware wani abu don tashin farashi, sannan a nemi banki ya buga jadawalin biya na shekara 10, 15 da 20 a jera su a duba layin ƙarshe na kowanne.