Fadar Mafarki: ma'aikatar da ke bincikar barcin talakawa

A babban birnin wata daula akwai wani katafaren gini mai dogayen zauruka, inda dubban ma'aikata ke sammako kowace safiya. Ba haraji suke lissafawa ba, ba kuma takardun duwan suke buga wa hatimi ba. Aikinsu mafarki ne. Duk abin da talaka ya gani cikin barci, ko a wane lungu na ƙasa yake, sai ya je biro ya faɗa, a rubuta, a ɗora a keken doki zuwa wannan gida, a tace, a fassara, a ajiye.

Ba a taɓa gina wannan ma'aikata a doron ƙasa ba. Marubucin nan na ƙasar Albaniya, Isma'il Kadare (1936-2024), shi ne ya ƙago ta cikin wani littafi da ya fito a Tirana a shekara ta 1981, wanda aka juya cikin Faransanci a 1990 da sunan Le Palais des rêves. Ya kafa ta cikin daular Usmaniyya, ya raɗa mata suna Tabir Sarai. Almajirai za su gane kalmar farko: ta'abiri ne, fassarar mafarki, fannin da ake jingina wa Ibn Sirin na Basra, wanda littafin da ke ɗauke da sunansa ba ya yankewa a wurin masu sayar da littattafai a kasuwanninmu.

Dalilin kafa gidan, a cikin labarin, shi ne imanin cewa Allah kan jefo gargaɗi game da makomar daula cikin barcin kowane bawa, sarki ko mai tallar ruwa, don haka wajibi ne hukuma ta tsinto shi. Akwai sashen karɓa, da na tacewa, da na fassara, sa'an nan ga taskar ajiya a ƙarƙashin ƙasa. Kowace Juma'a akan zaɓi guda ɗaya, Babban Mafarki, a kai wa Sarkin Santambul, kuma da shi ake yanke shawarar yaƙi, ko tuɓe waziri, ko sare kai.

Wanda ake bi cikin labarin wani saurayi ne, Mark-Alem, marar hayaniya, mai tsoron kuskure, wanda ya samu aikin albarkacin dangin uwarsa, gidan Kuprili. Wannan gida kam na tarihi ne: asalinsu Albaniyawa, kuma Mehmed Kuprili ya zama babban waziri a 1656, ɗansa Ahmed ya gaje shi a 1661. Wata rana dosiyen wani mai sayar da kayan miya ya faɗo teburin saurayin. Mutumin ya yi mafarkin wani juji kusa da gada, da wani abin kiɗa mai kaɗa kansa, da bijimi yana ruri kamar ya haukace. Mark-Alem ya juya takardar, bai ga kanta ba, ya bar ta ta wuce. Sau biyu tana ratsa hannunsa. Can sama wasu suka ga abin da suke so su gani: gada ita ce Kuprili, domin daga kalmar gada ta Turkanci sunan ya fito, abin kiɗa shi ne waƙar da mawaƙa ke yi wa gidan, bijimi kuwa tawaye. Cikin dare aka auka gidan waziri, aka kashe mawaƙan Albaniya da aka gayyato, aka kama kawun Mark-Alem mai suna Kurt, daga baya aka sare masa kai.

A nan gwanintar Kadare take. Babu wani azzalumi mai jan ido a gaban mai karatu. Sarkin ma ba a ganinsa. Abin da ake gani ma'aikata ne masu jiran ƙararrawar shan gahawa, masu gudun kada shugaban sashe ya ga dosiye ya kwana a teburinsu. Duk wanda ya taɓa zama a biro ya san wannan tsoro. Kuma waziri da kansa ya raɗa wa ɗan ƴar'uwarsa cewa ana zargin wani lokaci ƙirƙirar Babban Mafarkin ake yi, domin wanda ya riƙe gidan ya riƙe wuƙar yanka abokan hamayyarsa.

Mai kayan miya fa? Shi da ya kai mafarkinsa da zuciya ɗaya, an tsare shi ana yi masa tambayoyi dare da rana. Da Mark-Alem ya buɗe dosiyensa daga baya, sai ya tarar da ɗaruruwan shafuka, mafi yawansu a kan kabeji da sauran kayan lambu da farashinsu, don bawan Allah ba shi da wani sirrin da ya wuce wannan. A cikin akwatin gawa ya bar ginin. Shi kuwa Mark-Alem girma ya yi ta samu, har ragamar ma'aikatar ta koma hannunsa.

Mutanen Tirana ba su sha wahalar gane hoton ba. Tun 1944 Anwar Hoja yake mulkinsu, ƴan sandan ciki na Sigurimi suna da kunne a kowace unguwa, kuma birnin labarin ya yi kama da nasu. A 1982 ƙungiyar marubuta ta yi taro ta la'anci littafin a gaban Ramiz Aliya, wanda ya gaji Hoja a 1985, aka hana sayar da shi, sai dai kafin nan jama'a sun riga sun wawashe shi daga kantuna. A watan Oktoba na 1990 Kadare ya nemi mafakar siyasa a Faransa, ƴan watanni kafin masu zanga-zanga su kayar da gunkin Hoja a dandalin Tirana, cikin Fabrairu na 1991.