Murzuna: Ƙwaron da ke kwana wata goma a ƙasa yana jiran gero

A watan Agusta, idan gero ya fara fid da kai a gonakin Katsina, Jigawa, Yobe da Maraɗi, wani ɗan ƙaramin ƙwaro mai fukafuki yakan fito daga ƙarƙashin ƙasa da duhun dare. Dangin faɗa-wuta ne, irin waɗanda ke kewaya fitila, kuma tsawonsa bai wuce gaɓar yatsa ba. Masana suna kiransa Heliocheilus albipunctella. Tsutsar da yake haifa kuwa, manoman Maraɗi suna ce mata murzuna.

Mutane da yawa a Abuja sun fi jin labarin tsutsar nan mai cin masara, wadda asalinta daga nahiyar Amurka ne, aka kuma fara ganinta a Afirka a shekarar 2016. Murzuna ba baƙuwa ba ce. 'Yar gida ce a filayen ciyawa na Sahel, tun daga Senegal har Sudan, yankin da shi kansa gero ya samo asali. Ta daɗe tare da manoma, amma ɓarnarta ta fito fili ne bayan farin da aka yi a farkon shekarun 1970. A shekarar da ta yi ƙamari, manomi yana iya rasa fiye da rabin abin da ya sa rai zai kai rumbu.

Rayuwar da ke bin ruwan sama

Sau ɗaya tak wannan ƙwaro ke hayayyafa a shekara. Duk tsawon kaka, hunturu da bazara yana kwance cikin rairayin gona, a dunƙule cikin ɗan ɓawo, ba ci ba sha. Ruwan farko mai ƙarfi shi ke tayar da shi. Bayan kamar wata guda sai ya fasa ɓawon ya fito da fukafukansa. Manomi ma da wannan ruwan yake shuka, don haka fitowar ƙwaron takan zo daidai da fitowar zangarniya.

Namijin yana da wata baiwa. A jikin fiffikensa na gaba akwai wani ɓangare mai gurzago, kuma idan dare ya yi yakan riƙa shawagi ƙasa-ƙasa a gona yana fitar da wata siririyar ƙara domin jawo tamata. Bayan sun haɗu, tamatar tana iya zuba ƙwai ɗaruruwa, tana rarraba su a kan zangarniyoyin da suka fito sababbi. Cikin kwana uku zuwa biyar sai su ƙyanƙyashe.

Ƙananan tsutsotsin suna farawa da cin furen gero. Da sun yi ƙwari sai su nutse ciki, su riƙa datse 'yan sillayen da ke riƙe da tsaba, suna tafiya a murɗe suna kewaya zangarniya. Wannan ne ke barin zanen nan mai kama da an naɗa igiya, wanda manomi ke hangowa ya san an yi masa ɓarna. Bayan kimanin wata guda tsutsar takan sauko, ta tona ƙasa, ta shiga dogon barcinta har wata damina.

Saboda wannan lissafi ne geron da ya riga sauran fid da kai ya fi shan wahala, ita kuwa maiwa, wadda ke jinkiri, sau da yawa takan fito bayan ƙwaron ya gama zuba ƙwansa.

Maganin da ke cikin gonar

Feshi ba ya cika yin tasiri a kan murzuna, domin tana ɓoye ne cikin zangarniya, ga shi kuma ƙaramin manomin gero bai cika samun kuɗin magani ba. Sai dai tana da abokin gaba, wani mitsitsin ƙwaro dangin rina mai suna Habrobracon hebetor. Tamatarsa takan harbi tsutsar ta sandare, sannan ta zuba ƙwai a jikinta, 'ya'yan su ƙyanƙyashe su cinye ta. Matsalar ita ce a daji wannan rina ba ta yin yawa sai ƙarshen damina, lokacin da aikin gama ya riga ya gama.

Masu bincike a cibiyar binciken aikin gona ta Nijar, INRAN, da ke Maraɗi, tare da takwarorinsu na Mali da Burkina Faso da cibiyar ICRISAT, sun samo dabarar gaggauta zuwanta. Ana zuba tsabar gero cikin ɗan ƙaramin buhun algarara, a sa tsutsotsin wani ƙwaro da ake kiwo domin wannan aiki, a haɗa da rinar da ta riga ta ɗauki ƙwai. Sai a rarraba buhunan a gonakin da ke kewaye da gari daidai lokacin da gero ke fure. 'Ya'yan rinar suna fita ta ramukan saƙar buhun su bazu cikin gonaki. A garuruwan da aka gwada, an ga mafi yawan tsutsotsin sun mutu.

Abin da ya rage ga ofisoshi

Nijeriya tana cikin manyan ƙasashen da ke noman gero a duniya, kuma Cibiyar Binciken Tafkin Chadi da ke Maiduguri ita aka ɗora wa alhakin bincike a kansa. Hukumar NiMet kuma tana fitar da hasashen saukar damina tun farkon shekara. Wanda ya san ranar da ruwa ya sauka a Gumel ko Gashuwa yana iya ƙiyasta makon da ƙwaron zai fito, kuma kiwon rina yana buƙatar shiri tun kafin nan.

A nan ne lamarin ya shafi mai riƙe da fayil a ma'aikata da hadimin da ke tsara wa ɗan majalisa ayyukan mazaɓa. Tazarar da za a iya ceto zangarniya 'yan makonni ce kawai. Kuɗin malaman gona da aka saki a watan Yuni yana iya zama dami a rumbu. Wanda aka saki a watan Oktoba zai tarar murzuna ta riga ta koma ƙasa, ragowar lissafin kuma sai a farashin kwanon gero, daga Dawanau har kasuwar Wuse.