An naɗa a Sakkwato, an buga a Amurka: labarin kundin farko

A bakin kasuwar Zuru akwai wani matashi da nake kai wa wayata idan ta yi gardama. Gyaran waya yake yi, amma abin da ya fi kawo masa ciniki shi ne tura waƙoƙi: ka miƙa memori, ka biya abin da ya sawwaƙa, ya cika maka. Kwanan baya ina zaune a bencinsa sai ya saki wata waƙa ta Buzanci, an bi muryar da na'urar nan mai sa ta karkarwa irin ta waƙoƙin finafinan Kano. Na tambaye shi ko wane ne mawaƙin. Ya leƙa kwamfuta ya ce, "Malam, Buzu kawai aka rubuta."

Ni kuwa na san muryar. Ta Mahamadou Souleymane ce, ɗan Jamhuriyar Nijar, wanda duniya ta sani da Mdou Moctar, bahagon makaɗin gita da a yau ake cika zauruka a Turai da Amurka don a saurare shi. Ya fara koyo ne da gitar da ya harhaɗa da hannunsa, tsirkiyarta wayar birkin keke. Abin da ya kamata ya tsaya mana a rai shi ne, kundinsa na farko mai suna Anar a Sakkwato aka naɗe shi, a shekarar 2008, birnin da ya kasance hedikwatar jiharmu har zuwa 1991. Salon situdiyon Hausawa ne ya ba kundin kamanninsa. Ba a yi bikin fitar da shi ba, ba kamfani, ba kwali. Daga waya zuwa waya ya yi ta tafiya har ya ƙetara Sahara.

A arewacin Mali wani Ba'amurke, Christopher Kirkley, ya tsinci ɗaya daga cikin waƙoƙin a wayoyin mutane, ya yi ta cigiyar mai ita har ya same shi. Ya sa ta a tarin da kamfaninsa na Sahel Sounds ya buga na waƙoƙin wayoyin Sahara, sannan a 2014 ya fitar da Anar ɗin kansa a faifan garmaho. Wato shekara shida kundin ya yi yana yawo kafin wani ya buga shi da sunan mai shi, kuma wanda ya yi hakan daga birnin Portland ya fito.

Bari in ajiye wannan kusa da wani kundin farko da aka fi yin rubutu a kansa. Ranar 11 ga Fabrairun 1963 wasu samari huɗu 'yan Liverpool, masu kiran kansu The Beatles, suka shiga situdiyon kamfanin EMI da ke titin Abbey Road a Landan. Shekara guda kafin nan kamfanin Decca ya gwada su ya ce ba ya so. Mai kula da naɗinsu, George Martin, yana da waƙoƙinsu huɗu da aka riga aka fitar, yana neman goma ya cike kundi. Daga hantsi zuwa dare suka gama goman, a tef mai layi biyu kacal. John Lennon mura yake yi, don haka aka bar waƙar da ta fi cin maƙogwaro, "Twist and Shout", zuwa ƙarshe. Rerawar farko aka ɗauka, domin da aka sake gwadawa murya ta riga ta tafi. Kundin, Please Please Me, ya fito ranar 22 ga Maris, ya kuma yi mako 30 yana kan gaba a kasuwar faifai ta Birtaniya.

Mai karatu zai lura cewa kayan aikin da suka yi amfani da su ba su kai abin da ke cikin kwamfutar matashin nan na kasuwa ba. Gaggawa da ƙarancin kuɗi da rashin tabbas, duk sun sha su kamar yadda yaranmu ke sha. Inda aka bar mu a baya shi ne alƙalami. Ma'aikatan EMI sun rubuta rana da sa'a da lambar kowane gwaji a jikin kwalin tef, aka adana. Shi ya sa a 1988 Mark Lewisohn ya iya wallafa littafi guda a kan zaman naɗin ƙungiyar, rana bayan rana. Na san lokacin da Lennon ya rera waƙarsa ta ƙarshe a wannan dare, alhali ban taɓa taka Ingila ba.

Ba ina cewa takarda tana hana cuta ba ne. Lennon da Paul McCartney sun sa hannu a yarjejeniyar da daga baya ta raba su da mallakar yawancin waƙoƙinsu, har Michael Jackson ya saye kamfanin da ke riƙe da su a 1985. Amma ko wannan rigimar, an iya yin ta ne don akwai suna a rubuce. Wanda aka rubuta wa "Buzu" ba shi da ƙofar da zai ƙwanƙwasa.

Abin ya fi ci mini rai idan na juyo gida. Duk shekara a bikin Uhola ana rera waƙoƙin C'lela waɗanda ba a jin irinsu a ko'ina, ɗaruruwan wayoyi a sama suna ɗauka. Bayan wata uku ka nemi ɗaya, sai a ce wayar ta faɗa ruwa ko an goge don a sami wuri. Wani ɗalibina ya taɓa naɗo waƙoƙin kakansa har kusan awa biyu, na noma da na makoki. Tsohon ya rasu a damina, memorin kuma ya lalace kafin kaka. Ga shi rashin tsaro ya tashi ƙauyuka a yankunan Danko-Wasagu da Sakaba, kuma idan gari ya watse, masu amshi ma sun watse. Waƙar da ake yi da mutum talatin ba ta yiwuwa a ɗakin haya.

Saboda haka na sa wa ɗalibaina ƙa'ida a aikin fili na bana. Duk wanda ya naɗo waƙa, sai ya fara da muryar mai ita yana faɗin sunansa da ƙauyensu da ranar da ake ciki, da kuma yardarsa a ajiye. A kwafa wuri uku, a mayar masa da ɗaya. Mutum goma sha ɗaya suka fita, bakwai sun dawo da abin kirki. Ɗaya daga cikinsu ta ce tsohuwar da ta je wa ta ƙi rerawa sai an kira ƙanwarta daga wani gari, domin ita ce ta san amshin, kuma har yanzu muna neman kuɗin motar da za a ɗauko ta.